ƘARYAR DA TA FAƊI SUNANTA DA ƘARYAR DA TA YI RAWANI: TSAFIN ZANE A CIKIN ƘAGAGGUN LABARAI

Da sunan Allah Mai rahama Mai jinƙai. Dukkan yabo da godiya sun tabbata ga Allah Maɗaukakin Sarki, wanda Ya kaɗaita da halitta da mulki da gudanar da al'amura. Tsira da amincin Allah su tabbata ga shugabanmu Annabi Muhammadu, da alayensa da sahabbansa, da waɗanda suka bi tafarkinsu har zuwa ranar sakamako.

Bayan haka, ya ku 'yan'uwa Musulmi, abin da ya jawo wannan lacca shi ne tambayar da wasu iyaye suka yi ta kawo mana. Uba zai buɗe littafin makarantar ɗansa, sai ya tarar da da'irori da taurari da wasu baƙaƙen haruffa waɗanda ba Larabci ba, ba boko ba. In ya tambaya sai yaro ya ce ai a wani fim ya gani, ko a wani littafi, ko a wasan da yake yi a waya, jarumin labarin yakan zana su ne sai wuta ta tashi ko ƙofa ta buɗe. Daga nan hankalin uba ya tashi. Wani ya ɗauki bulala, wani kuma, abin takaici, ya nufi gidan malamin tsibbu don a rubuto wa yaron laya ta tsari. Wannan na biyun shi ne wanda ya gudu daga yayyafi ya faɗa kogi. Saboda haka muka ga ya wajaba mu zauna mu san mene ne wannan abu, daga ina ya fito, kuma ina ne haɗarin yake na haƙiƙa.

YADDA ABIN YAKE A CIKIN LABARAI

Marubutan ƙagaggun labarai na Turai da Amurka da Japan sun daɗe suna ƙirƙiro wata sana'a wadda babu ita a duniya, wato sana'ar zana alama don a juya halitta. Za mu kawo misalai uku domin mu yi magana a kan sani.

Na farko, wani marubuci Ba'amurke mai suna Brandon Sanderson ya fitar da littafi a shekarar 2005 mai suna Elantris. A cikinsa ya ƙago wani birni wanda mutanensa suke zana alamomi a cikin iska da yatsa, alamar ta yi haske, sai majinyaci ya warke, ko shara ta koma abinci, ko mutum ya ɓace nan ya ɓulla can. Rana ɗaya sai abin ya daina aiki, birnin ya lalace har shekara goma. A ƙarshe jarumin labarin ya gano cewa alamomin nan an gina su ne bisa taswirar ƙasar, kuma girgizar ƙasa ta tsaga wani wawakeken rami wanda ya sauya taswirar. Da ya ƙara zare ɗaya a cikin zanen, sai ƙarfin ya dawo.

Na biyu, shi dai wannan marubuci ya sake fitar da wani gajeren littafi a 2012 a kan ran wani sarki. Jarumar labarin, mai suna Shai, sana'arta ita ce sassaƙa hatimi. Idan ta binciki tarihin abu, sai ta sassaƙa masa wani tarihi na dabam a jikin dutse, ta dangwala tawada ta buga masa, sai tsohon tebur da aka yi watsi da shi ya koma kamar wanda aka daɗe ana tattalinsa. Aka kama ta, aka ba ta kimanin kwana 100 ta sassaƙa wa sarki sabon rai, domin maƙiya sun ji masa rauni a ka, jiki ya warke amma hankali ya tafi. Marubucin da bakinsa ya bayyana cewa tunanin ya zo masa ne sa'ad da ya ziyarci wani gidan adana kayan tarihi a Taiwan, ya ga jan hatimin da ake bugawa a kan tsofaffin zane-zanen mutanen Sin.

Na uku, wata mata 'yar Japan mai suna Hiromu Arakawa ta yi wani dogon labari cikin zane daga 2001 zuwa 2010, aka tara shi cikin littattafai 27, aka kuma mayar da shi fim. Shi ne wanda yara suka sani da suna Fullmetal Alchemist. Wasu yara biyu, wa da ƙane, uwarsu ta rasu, sai suka zana da'ira a ƙasa don su dawo da ita. Abin da ya fito daga da'irar ba uwarsu ba ce. Wan ya rasa ƙafa, ƙanen ya rasa gangar jikinsa baki ɗaya, har sai da wan ya sake sadaukar da hannunsa kafin ya ɗaure ran ƙanensa a jikin wani sulke.

To, ku lura da abu biyu, ya 'yan'uwa. Na ɗaya, dukkan labaran nan suna kewaya buri guda ne, wato ɗan Adam ya riƙe alƙalami ya rubuta abin da yake so, halitta kuma ta ce masa na'am. Wannan kuwa siffa ce wadda Allah Ya keɓanta da ita, kamar yadda ƙarshen Suratu Yasin ya tabbatar cewa Shi kaɗai ne yake umurtar abu da ya kasance, ya kuwa kasance. Na biyu, babu ɗaya daga cikin marubutan nan da ya taɓa da'awar cewa zanensa yana aiki. Sunansa yana bangon littafi, kowa ya san a ɗakinsa ya zauna ya ƙaga.

DAGA INA SUKA ƊEBO

Marubutan ba daga iska suka tsinto wannan tunani ba. Akwai tsofaffin rijiyoyi da suke ɗiba.

Ɗaya ita ce haruffan mutanen arewacin Turai na dā, waɗanda ake kira run. Mafi tsufan jerinsu haruffa 24 ne, ana sassaƙa su a kan itace da dutse da ƙarfe tun wajen ƙarni na biyu na Miladiyya. A fina-finai kullum ana nuna su a matsayin haruffan tsafi. Amma bayan wata gobara da aka yi a 1955 a tsohuwar unguwar 'yan kasuwa ta birnin Bergen a ƙasar Norwe, masu haƙar tarihi sun tono ɗaruruwan itatuwa masu wannan rubutu. Da aka karanta, sai aka ga da yawa daga ciki sunayen masu kaya ne da ake maƙalawa a jikin haja, da wasiƙun ciniki, da saƙonnin yau da kullum. Akwai kaɗan na surkulle, kamar yadda ba a rasa su a kowace al'umma, amma galibin abin rubutu ne kamar kowane rubutu. Jahilcin harafi shi yake sa a ga kwarjininsa.

Ɗaya rijiyar kuma ita ce tatsuniyar Yahudawan birnin Firag na ƙasar Cek. Suna cewa wani malaminsu mai suna Yahuda Loew, wanda ya mutu a 1609, ya gina mutum da yumɓu, ya rubuta masa kalmar da take nufin gaskiya a goshi, sai ya tashi yana yi musu hidima. Da ya gagara, sai malamin ya goge harafin farko, ragowar haruffan suka koma kalmar da take nufin matacce, gunkin ya zube. Masana tarihi sun nuna cewa sai a ƙarni na 19 aka fara jingina wannan labari ga malamin, wato wajen shekara 200 bayan mutuwarsa.

INDA WASA YAKE KOMAWA GASKE

Mu Hausawa mun san ƙagaggen labari tun kafin mu san ɗab'i. Kakanninmu in za su yi tatsuniya sukan buɗe da ga ta nan ga ta nanku, in sun gama su ɗora wa Gizo alhakin ƙaryar. Ba mu taɓa jin wanda ya tafi daji neman Gizo don ya ba shi sa'ar kasuwa ba. Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, wanda aka buga a 1934, cike yake da aljanu da abubuwan al'ajabi, amma babu wanda ya karanta ya ɗaura guzuri ya tafi ɗebo ruwan. Wannan ita ce ƙaryar da ta faɗi sunanta.

Matsala tana farawa ne ranar da aka ɗauko irin wannan zane aka ce da gaske yana aiki, aka kuma sa masa farashi. A Ingila an yi wani mai zane, Austin Osman Spare, wanda ya mutu a 1956. Shi ya koyar da cewa mutum ya rubuta buƙatarsa, ya cire haruffan da suka maimaitu, ya cukurkuɗa sauran su zama alama guda, wai sai buƙatar ta biya. A 1982 kuma wani mai suna Ralph Blum ya buga littafi a Amurka wanda ake sayar da shi tare da jakar 'yan duwatsu masu haruffan run domin duba, har ya haɗa da wani dutse marar rubutu wanda babu shi a cikin jerin haruffan na asali. Irin waɗannan koyarwa yanzu suna yawo a intanet. Yaron da ya fara da sha'awar jarumin fim, in babu mai kula da shi, nan ne zai iya zamewa.

Sai dai kafin mu nuna wa Turawa yatsa, ya kamata mu leƙa cikin ɗakinmu. Kalmar da muka fassara sana'ar Shai da ita ɗazu, wato hatimi, ba baƙuwa ba ce a wurinmu. Muna da hatimin mallaka, da na farin jini, da na kasuwa, da na ɗaure bakin alƙali, da na raba miji da mata. Da'awar mai su ita ce dai da'awar labarin nan, cewa akwai gidaje da haruffa waɗanda in an jera su daidai, a sa'ar da ta dace, da tawadar da ta dace, zuciyar wance za ta juya, ko dukiyar wane ta taho. Bambancin kawai shi ne marubucin Amurka ya ce ƙagawa ya yi, namu kuwa ya ce asiri ne daga Alƙur'ani. Wannan ita ce ƙaryar da ta yi rawani, kuma ita ce take cin kuɗin talaka tare da imaninsa.

Babban madogarar wannan sana'a shi ne littafin Shamsul Ma'arif, wanda ake jingina wa Ahmad ɗan Aliyu al-Buni, da ake cewa ya rasu wajen shekara ta 622 bayan Hijira, daidai da 1225. Masu binciken tsofaffin rubuce-rubuce sun nuna cewa babban kundin da ake bugawa ana sayarwa an harhaɗa shi ne ƙarnoni bayan rasuwarsa, aka yi ta cusa masa ƙari. Ibn Khaldun, wanda aka haifa a Tunis a 1332 ya rasu a Alƙahira a 1406, ya ware wa wannan fanni babi a cikin Muƙaddimarsa. Ya bayyana cewa ba a san shi ba a farkon Musulunci, daga baya ya ɓulla, ya kuma tafi a kan cewa komai sunan da aka sa masa, yana komawa ne ga sihiri. Tun kafin nan an ruwaito daga Abdullahi ɗan Abbas, Allah Ya yarda da su, cewa ba ya ganin masu rubuta Abajada suna duban taurari suna da wani rabo a wurin Allah. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ma, a cikin Nurul Albab, ya yi kakkausan gargaɗi ga masu da'awar sanin gaibu ta hanyar zane a yashi da duban taurari.

MU GWADA SHI DA LISSAFI

Bari mu ɗauki mafi shaharar hatimi, mai gida tara, wanda ake jingina wa Imamul Gazali, ake kuma cewa yana sauƙaƙa naƙuda. Layin sama 4, 9, 2. Na tsakiya 3, 5, 7. Na ƙasa 8, 1, 6. Ko ta ina ka tara, a tsaye ko a kwance ko a karkace, za ka sami 15. Jahili in ya ga haka sai jikinsa ya yi sanyi. Amma ɗan firamare zai iya warware asirin. In ka tara 1 zuwa 9 za ka sami 45, ka raba gida uku, 15 ke nan. Mutanen Sin sun san wannan jeri tun kafin zuwan Musulunci, har suna da tatsuniyar cewa a bayan kunkuru aka gan shi a bakin wani kogi. To, yaya abin da masu bautar wanin Allah suka riga mu sani zai zama asirin Alƙur'ani?

Ga gwaji na biyu. Masu hisabi suna ba kowane harafi adadi: alif 1, ba 2, jim 3, dal 4, har zuwa 1000. Amma lissafin mutanen Gabas ya saɓa da na mutanen Magrib a haruffa shida. Harafin sin 60 ne a Gabas, 300 ne a Magrib. Harafin sad 90 ne a Gabas, 60 ne a Magrib. Saboda haka Basmala, wadda aka saba cewa adadinta 786, in ka bi lissafin Magrib 1026 za ka samu. Ashe mai suna Musa ko Yusufu yana da adadi biyu, hatimi biyu, tauraro biyu. Wanne ne halitta za ta yi wa biyayya? Ko marubucin Elantris ya fi su tsari, domin shi aƙalla ya daidaita dokokin ƙaryarsa.

Adalci ya sa mu ambaci wani malami ɗan ƙasar nan, Muhammadu ɗan Muhammadu al-Fulani al-Kashnawi, Bakatsine, wanda ya yi aikin Hajji, ya zauna a Alƙahira har ya rasu a can a 1741. A 1732 ya yi rubutu a kan yadda ake jera irin waɗannan gidaje masu adadin mara, kuma har yanzu masu tarihin ilmin lissafi suna ambatonsa. Ya kuma yi rubutu a kan ɗalasimai, kamar yadda ya yaɗu a zamaninsa. Muna karɓar lissafinsa domin ana iya gwada shi a ga gaskiyarsa, muna barin ɗalasiman domin ba su da hujja, muna kuma roƙa masa gafarar Allah.

MATSAYIN SHARI'A

Aya ta 102 ta Suratul Baƙara ta wanke Annabi Sulaimanu daga sihiri, ta jingina kafirci ga shaiɗanun da suke koyar da shi, ta ambaci raba miji da mata a cikin ayyukansa, sa'an nan ta tabbatar da cewa ba sa cutar da kowa sai da izinin Allah. Bukhari da Muslim sun ruwaito daga Abu Huraira cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya lissafa sihiri cikin zunubai bakwai masu halakarwa. Imamu Ahmad ya ruwaito daga Uƙbatu ɗan Amir cewa wanda ya rataya laya ya yi shirka. Muslim kuma ya ruwaito daga Aufu ɗan Malik cewa Annabi ya nemi a bijiro masa da addu'o'in tofi da suke yi, ya halatta wanda babu shirka a cikinsa.

A nan wajibi ne mu rarrabe, don kada mu zalunci kowa. Rataya ayoyin Alƙur'ani zalla, da rubuta su a wanke a sha, mas'aloli ne da magabata suka yi saɓani a kansu. Wasu sun yi rangwame, wasu kamar Abdullahi ɗan Mas'ud da almajiransa sun hana rataya ko da Alƙur'ani ne, kuma barin ratayawar shi ya fi tsare aƙida da alfarmar Littafin Allah. Amma gidajen lambobi, da yankakkun haruffa, da sunayen da ba a san ma'anarsu ba, da kiran hadiman taurari, waɗannan ba su shiga cikin wancan saɓani ba ko kaɗan.

Akwai rubutu ɗaya tak wanda halitta take bi. Muslim ya ruwaito cewa Allah Ya rubuta ƙaddarorin halittu shekara 50,000 kafin Ya halicci sammai da ƙasa. Tirmizi kuma ya ruwaito wasiyyar Annabi ga Ibn Abbas yana yaro, inda ya sanar da shi cewa ko al'umma duka za ta taru don ta amfane shi ko ta cuce shi, ba za ta wuce abin da Allah Ya rubuta ba, domin an riga an ɗauke alƙaluma, takardu sun bushe. Wanda ya riƙe wannan hadisi, babu mai sayar masa da hatimi, babu kuma zanen fim da zai firgita shi.

ABIN DA YA HAU KANMU

Na farko, uban da ya ga irin wannan zane a littafin ɗansa ya zauna da shi ya tambaye shi labarin, sa'an nan ya tambaye shi wa ya ƙaga shi. Yaron da ya san cewa wani mutum ne ya zauna ya ƙirƙiro, don ya sayar da littafi, ya riga ya sami rabin rigakafi. Duka ba ya koyar da wannan, sai dai ya koya wa yaro ɓoyewa.

Na biyu, mu tace abin da yake shiga gidajenmu. Ba dukkan labaran nan ne daidai da juna ba. Akwai wanda yake nuna cewa ƙetare iyakar Mahalicci nadama yake haifarwa, akwai wanda yake ƙawata sihiri da alloli barkatai da tsiraici. Ƙaramin yaron da bai gama sanin Ubangijinsa ba, ba a barinsa shi kaɗai da waya. Kuma mu ja wa manyansu layi a sarari: ranar da aka zana alama da nufin ta biya buƙata, ko da da sunan gwaji ne, an fita daga labari an shiga abin da shari'a ta hana.

Na uku, mu tsarkake kanmu. Ba shi yiwuwa uba ya tsawata wa ɗa a kan da'irar Japan alhali shi yana da kambu a damtse, da guru a ƙugu, da laya a dokin ƙofar shago. Yaro abin da ya gani yake ɗauka. Mu kwance su, mu buɗe mu ga abin da yake ciki, mu tuba, mu koma ga Ayatul Kursiyyu da Falaƙi da Nasi da azkar na safe da maraice. Mace mai naƙuda a yi mata addu'a a kuma gaggauta kai ta asibiti, kada a tsaya jiran a gama cika gida tara.

Na huɗu, mu nuna wa 'ya'yanmu ƙarfin alƙalami na gaskiya. Ayoyin farko da aka saukar sun ambaci koyarwa da alƙalami. Aya mafi tsawo a cikin Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, umurni ne da rubuta bashi. Bayan yaƙin Badar, fursunonin da ba su da abin fansa sun fanshi kansu da koya wa 'ya'yan Madina rubutu. Zaidu ɗan Sabit ya koyi rubutun Yahudawa cikin kimanin rabin wata bisa umurnin Annabi, bai ji tsoron baƙin haruffa ba, bai kuma nemi tsafi a cikinsu ba. Yaron da yake son zane da alamomi, Allah Ya ba shi baiwa. A kai shi ya koyi rubutun Alƙur'ani da zayyana, ya koyi lissafi, ya koyi zanen gini da na injuna. Zanen da injiniya ya yi a takarda yakan zama gada, amma sai an haƙa, an zuba kankare, an yi gumi, bisa sunnar da Allah Ya ɗora duniya a kanta.

Muna roƙon Allah Ya tsare mana imaninmu da na zuriyarmu, Ya nuna mana gaskiya Ya ba mu ikon binta, Ya nuna mana ƙarya Ya ba mu ikon guje mata. Abin da muka faɗa daidai daga Allah ne, kuskuren da yake ciki kuwa daga gare mu ne da Shaiɗan, muna neman gafarar Allah.